Tambayoyi da amsoshi kan The Legend of Korra: ta ina ake farawa, kuma me labarin ya ƙunsa?

Waɗannan tambayoyi ne da suke yawan zuwa mini daga matasa da iyaye a nan Gombe, musamman lokacin dogon hutu, sa'ad da yara ke cika shagunan masu tura finafinai a waya a Tudun Wada da Jekadafari da Pantami. Na tattara su wuri ɗaya don wanda zai fara kallo ya fara daidai, uba ko uwa kuma su san abin da ke cikin wayar ɗansu. Tambayoyin farko ba su taɓa sirrin labarin ba. Inda zan fara fasa ƙwai zan sanar tukuna.

Shi Korra ɗin nan mene ne, kuma me ya haɗa shi da Aang?

Katun ne mai dogon zango na tashar Nickelodeon ta Amurka, wanda Michael Dante DiMartino da Bryan Konietzko suka ƙirƙira. Su ne suka yi Avatar: The Last Airbender, labarin Aang, daga 2005 zuwa 2008. The Legend of Korra ci gabansa ne, an fara nuna shi a watan Afrilu 2012, aka kammala a Disamba 2014.

A duniyar labarin akwai al'ummomi huɗu: Ƙabilun Ruwa, Masarautar Ƙasa, Daular Wuta, da Makiyayan Iska. A kowace al'umma ana haihuwar wasu da baiwar sarrafa abin da ake kiransu da shi. Mutum ɗaya tak a kowane zamani ke iya sarrafa duka huɗun, shi ne Avatar, kuma aikinsa tsare daidaito tsakanin jama'a. Idan ya mutu sai a sake haifarsa a jikin wani a al'umma ta gaba, ana bin jerin ruwa, ƙasa, wuta, iska. Aang na iska ne, don haka magajinsa dole ya fito daga mutanen ruwa. Korra ke nan, 'yar shekara 17 daga Ƙabilar Ruwa ta Kudu. Labarinta ya fara shekara 70 bayan ƙarshen yaƙin da Aang ya kawo ƙarshensa.

Dole ne sai na kalli na Aang kafin in shiga Korra?

Za ka iya fahimtar Korra ba tare da shi ba, amma ban ba ka wannan shawarar ba. Kamar ka je biki ne a babban gida alhali ba ka san kowa ba: za ka ci ka sha, amma idan wata tsohuwa ta shigo kowa ya miƙe, kai ba za ka san dalili ba. A kashin farko na Korra akwai wata dattijuwa mai furfura da ke sallamar yarinyar. Katara ce, matar Aang, wadda masu kallon na farko suka sani tun tana 'yar shekara 14. Shugabar 'yan sandan birni, Lin Beifong, 'yar Toph ce, wadda ta koya wa Aang sarrafa ƙasa. Malamin Korra, Tenzin, autan Aang ne. Zuko ma, yariman Daular Wuta a labarin farko, zai bayyana da tsufansa. Rabin nauyin waɗannan wurare daga labarin farko yake fitowa.

Akwai dalili na biyu. Korra yana faɗin yadda yaƙin Aang ya ƙare tun a mintocin farko, don haka wanda ya fara da shi ya riga ya ɓata wa kansa ƙarshen wancan.

To wane tsari zan bi?

Tsarin da aka fitar da su. Su masu shirin suna kiran kowane zango Littafi.

Na Aang: Littafi na 1, Ruwa, kashi 20. Littafi na 2, Ƙasa, kashi 20. Littafi na 3, Wuta, kashi 21. Jimilla 61.

Na Korra: Littafi na 1, Iska, kashi 12, a 2012. Littafi na 2, Ruhohi, kashi 14, a 2013. Littafi na 3, Sauyi, kashi 13, da Littafi na 4, Daidaito, kashi 13, dukansu a 2014. Jimilla 52.

Ka riƙe waɗannan alƙaluman idan za ka je a tura maka. Sau da yawa fayilolin na zuwa a cakuɗe, a haɗa zangon farko na Aang da zangon farko na Korra a jaka ɗaya saboda duka an rubuta musu lamba 1, ko kuma kashi biyu na ƙarshe su ɓace. Kafin ka bar shagon ka buɗe ka ƙirga. Wani lokaci ana haɗa kashi biyu a fayil ɗaya, to sai ka duba tsawonsa: kashi ɗaya bai wuce minti 22 zuwa 24 ba.

Zai ci mini lokaci nawa?

Korra kaɗai kusan awa 20 ne. Duka biyun, kashi 113, sun haura awa 40. Mai kallon kashi biyu kowane dare bayan Isha zai gama cikin wata biyu ba tare da ya taɓa karatunsa ko barcinsa ba, kuma cajin waya ɗaya ya ishe shi kallon kowane dare ko da ba a kawo wuta ba.

Na nemi Avatar aka tura mini wani fim na mutane shuɗaye masu wutsiya. Shi ne?

A'a. Wannan fim ɗin James Cameron ne na 2009, sunan kawai suka haɗa. Ka ce Aang ko Korra, za a gane. Akwai kuma fim na 2010 mai suna The Last Airbender da mutane suka taka, da shirin Netflix na 2024 mai kashi 8. Dukansu sake ba da Littafin farko na Aang suka yi, babu Korra a ciki, kuma ba sa cikin tsarin da na lissafa. Wanda yake so ya gan su ya bari sai ya gama katun ɗin.

Daga nan zuwa ƙasa akwai sirrin labari. Wanda bai kalla ba ya tsallaka zuwa tambayar iyaye, amma ya sani ita ma ta taɓa ƙarshen labarin.

An ce labarin Avatar na farko yana cikin Korra. Kada in fara da shi tunda shi ne asali?

Kada ka fara da shi. Labarin Wan ne, yana kashi na 7 da na 8 na Littafi na 2, kuma ya faru shekara 10,000 kafin Korra. Salon zanensa ma daban ne, an yi shi irin na tsofaffin zane-zanen tawada na gabashin Asiya, kuma a ganina yana cikin mafi kyawun abin da aka yi a shirin gaba ɗaya. Amma amsa ce ga tambayar da sai ka daɗe kana kallo za ta taso maka: ina wannan baiwa ta samo asali, me ya sa mutum ɗaya ke ɗauke da ita? Wanda bai san mene ne Avatar ba, idan aka nuna masa yadda aka fara, zai ga tatsuniya ce kawai ta wani ɓarawon wuta. Ka bar shi a gurbinsa.

Me ya sa kowane Littafi na Korra ke da nasa abokin gaba, ba kamar na Aang ba?

Dalilin farko na kasuwanci ne. Da farko kashi 12 kawai aka nema, gajeren shiri mai ƙarewa, shi ya sa Littafi na 1 ya rufe kansa ruf. Daga baya aka ƙara zuwa 26, sannan zuwa 52. Marubutan ba su san tun farko cewa za su samu zango huɗu ba.

Amma abin da suka yi da wannan matsi shi ne ƙashin bayan shirin. Aang ya fuskanci azzalumin sarki mai son cinye duniya, kowa ya san inda gaskiya take. Korra ta gaji duniyar bayan nasara, mai motoci da rediyo da jaridu da 'yan siyasa, kuma duk wanda ya tsaya a gabanta yana da ƙorafi na gaskiya a hannunsa. A Littafi na 4 Toph, ta tsufa tana zaune a cikin fadama, ta nuna wa Korra haka ƙarara: kowanensu abu mai kyau ya nema, wuce gona da iri ne ya halaka shi.

A ɗan warware mana wannan. Me kowanensu yake so?

Amon, mai rufe fuska na Littafi na 1, yana magana ne da yawun waɗanda aka haifa ba su da baiwar sarrafa komai. Kuma ba ƙarya yake yi ba. A Birnin Jamhuriya, wanda Aang da Zuko suka kafa don kowa da kowa, 'yan daba masu baiwa na karɓar kuɗin dole a hannun masu shaguna, majalisar birni kuma ba ta sauraron talaka. Akwai wani wuri da ɗan majalisa Tarrlok ya sa aka yanke wa unguwar marasa baiwa lantarki, da suka fito ƙorafi ya sa aka kama su, har wata mata mai ɗauke da yaro ta roƙi Korra ta tuna cewa su ma Avatar ɗinsu ce. Maganin da Amon ya kawo shi ne a raba kowa da baiwarsa da ƙarfin tsiya. Daga ƙarshe aka gano shi kansa mai sarrafa ruwa ne, da jinin jikin mutane yake aikin. Duk da ƙaryarsa ta tonu, ƙorafin bai mutu ba: a Littafi na 2 an rushe majalisar, an zaɓi shugaban ƙasa, Raiko, wanda ba shi da baiwa.

Unalaq na Littafi na 2, baffan Korra kuma sarkin Ƙabilar Ruwa ta Arewa, yana kukan cewa mutane sun yi watsi da al'ada da duniyar ruhohi. Da wannan hujja ya shigo Kudu da sojoji, ya mamaye garin ɗan'uwansa. Shi ne mafi rauni a rubutu cikin huɗun, domin da wuri ya zama mugu zalla.

Zaheer na Littafi na 3 ya fi kowa tsayawa a rai. Mutum ne mai natsuwa, mai karatu, wanda ya yi imani cewa babu 'yanci muddin akwai sarki ko gwamnati. Sarauniyar Masarautar Ƙasa, Hou-Ting, kuwa azzaluma ce ta gaske, tana tatsar talakawa haraji tana kama matasa tana cusa su soja a ɓoye. Zaheer ya kashe ta, ya rushe katangar da ta raba masu kuɗi da talakawa a birnin Ba Sing Se, ya ce wa jama'a gari nasu ne. Kafin gari ya waye ana wawashe fada, unguwanni na ci da wuta.

Daga wannan tokar Kuvira ta Littafi na 4 ta tashi. Shekara uku bayan haka, 'yan fashi sun hana ƙauyuka sakat, sun tare hanyoyin abinci. Sai ga ta da jirgin ƙasa cike da kayan abinci da sojoji, tana cewa gwamna ya sa hannu ya miƙa jiharsa, a ba shi tsaro. Mu da muka san abin da rashin tsaro ke yi wa ƙauye a Arewa ba za mu yi saurin zagin gwamnan da ya sa hannu ba. Shirin ma bai zage shi ba, ya nuna yunwar mutanensa. Sai daga baya ake ganin kuɗin da aka biya: aikin tilas, sansanonin gyaran tunani, da korar waɗanda asalinsu ba na Masarautar Ƙasa ba ne. Abin da Zaheer ya rushe da sunan 'yanci shi ya haifi mulkin da ya fi na sarauniyar tsanani, kuma an kai Korra har kurkukunsa ta faɗa masa haka ido da ido.

Wannan sarƙa ce ta sa nake cewa kada a tsallake komai.

Amma kowa na cewa Littafi na 2 ba daɗi. Ba zan iya wuce shi ba?

Rabinsa na farko yana da ja, gaskiya ne. Korra na yawan fushi da waɗanda ke ƙaunarta, rikicin soyayya ya yi yawa, zanen wasu kashi kuma ya bambanta saboda kamfanin Studio Pierrot na Japan ne ya yi su, ba Studio Mir na Koriya ta Kudu da ya yi sauran ba. Amma a ƙarshensa abubuwa biyu suka faru da komai ya rataya a kansu. Korra ta rasa alaƙarta da duk Avatar da suka gabata, har da Aang, ba ta da sauran wanda za ta nemi shawararsa daga cikinsu. Sannan ta bar ƙofofin duniyar ruhohi a buɗe. Sakamakon haka ne mutane suka fara wayar gari da baiwar iska a Littafi na 3, har da Zaheer. In ka tsallake, za ka shiga zango mafi kyau ba ka san me ya jawo shi ba.

Kashi ɗaya ne kawai za a iya wucewa, na 8 a Littafi na 4. Maimaicin abubuwan baya ne, an yi shi ne saboda an rage musu kasafin kuɗi.

Me ya sa wasu ba sa son Korra ita kanta?

Saboda sun zo neman Aang. Aang yaro ne mai sanyin hali da ya guje wa nauyin da aka ɗora masa. Korra kuwa farkon ganinmu da ita tana 'yar ƙarama ta fasa bangon ɗaki ta fito tana wasa da ruwa da ƙasa da wuta lokaci guda, tana shelar ita ce Avatar. An tashe ta a killace, ba ta san kanta da wani abu ba sai wannan matsayi. Don haka kowane abokin gaba wannan wurin yake sara: Amon ya ƙwace baiwarta, Unalaq ya yanke ta daga magabatanta, Zaheer ya sa mata guba don ya kawo ƙarshen Avatar har abada.

Ƙarshen Littafi na 3 shi ne inda na fi girmama shirin. An yi nasara, ana bikin naɗa Jinora, jikar Aang, a matsayin gwanar iska, an aske mata kai an yi mata zanen kakanta. Kowa na murna. Korra na gefe a keken guragu, idonta ya faɗa, hawaye ɗaya ya gangaro, a nan zangon ya ƙare. Kashi na 2 na Littafi na 4 ya bi ta cikin jinyar: Katara na koya mata taka ƙafa, wasiƙun abokai na zuwa ba ta iya amsawa, ta yanke gashinta ta shiga duniya ba wanda ya san inda take, tana ganin siffar kanta tana bin ta. Ko bayan an fitar da sauran gubar daga jikinta tsoron bai tafi ba. Duk wanda ya yi jinyar wanda ya tsira daga hatsari ko hari ya san ciwon jiki na riga na zuciya warkewa. Ba kasafai katun ke ba wannan al'amari lokacinsa haka ba.

Akwai batun iyali a ciki?

Sosai, kuma shi ya fi kusa da mu. Aang gwarzo ne a idon duniya, amma a gida ya fifita Tenzin saboda shi kaɗai ya gaji iska, yana yawo da shi yana barin sauran 'ya'yansa, Bumi da Kya. Sun girma, sun yi furfura, abin na cinsu. Lin da Suyin kuwa uwa ɗaya uba daban, sun yi kusan shekara 30 ba sa magana, tabon da ke kumatun Lin ma daga rikicinsu ya samo asali. Shirin bai zubar da mutuncin iyayen ba, bai kuma ce 'ya'yan ƙarya suke yi ba.

Malam, ni uwa ce. Yarana 'yan firamare za su iya kalla?

Hajiya, na Aang za su iya, musamman in da babba a kusa. Korra kuwa na matasa ne, ni dai ba zan bar ɗan ƙasa da shekara 12 ko 13 ya kalle shi shi kaɗai ba. Ga abin da ke ciki, ki auna da kanki. Akwai mutuwa a fili: a ƙarshen Littafi na 1 wani ya tarwatsa jirgin ruwa da shi da ɗan'uwansa a ciki, a Littafi na 3 kuma an nuna yadda aka zuƙe numfashin sarauniya har ta mutu.  Akwai samartaka da sumbata tsakanin matasan, galibi a Littafi na 1 da na 2.

Sai ƙarshen shirin. A minti na ƙarshe Korra da ƙawarta Asami sun riƙe hannu suna kallon juna suka shiga duniyar ruhohi. Abin da allo ya nuna ke nan, amma kwanaki kaɗan bayan haka masu shirin suka bayyana cewa soyayya suke nufi, littattafan zane da suka biyo baya kuma sun fito da shi ƙarara. Wannan ya saɓa wa tarbiyyar da gidajenmu ke bi, Musulmi da Kirista, shi ya sa na faɗa miki tun yanzu don ki yanke shawara da saninki.

Batun ruhohi da sake haihuwa fa? Bai taɓa aƙida ba?

Tunanin cewa rai na barin wani jiki ya koma wani daga addinin Hindu da na Buddha aka aro shi, haka ma zaman tunani da Tenzin ke koyarwa. Ba aƙidarmu ba ce, kuma bai kamata a yi kamar babu shi a ciki ba. Shirin bai kira kowa zuwa bauta ba, duniyar ƙage ce mai dokokinta, yadda Gizo da Ƙoƙi ke magana a tatsuniya ba wanda ya ɗauka gaske ne. Babba ya san wannan. Yaro kuwa sai an faɗa masa, kuma ya fi kyau ya ji daga bakin mahaifinsa ko malamin Islamiyyarsa a lokacin da ya yi tambayar. Wanda kuma zuciyarsa ba ta natsu ba ya bari, babu abin da ya rasa na dole.

Salon faɗan kuwa daga wasannin kare kai na Sin aka ɗauko: Tai Chi ga ruwa, Hung Gar ga ƙasa, Shaolin na Arewa ga wuta, Ba Gua ga iska.

Na gama duka. Akwai ci gaba?

A rubuce akwai, da Turanci. Kamfanin Dark Horse ya fitar da littattafan zane da suka cike tsakanin Aang da Korra. The Promise na 2012 ya nuna rikicin yankunan da Daular Wuta ta mamaye, wanda daga ciki Birnin Jamhuriya ya samo tushe. The Search na 2013 ya amsa tambayar da kowa ke yi, ina mahaifiyar Zuko. Waɗannan ana iya karanta su bayan an gama na Aang, kafin Korra ko bayansa, duk ɗaya ne. Bayan Korra akwai Turf Wars da Ruins of the Empire, na biyun kan shari'ar Kuvira da abin da ya rage na daularta, kuma gargaɗin da na yi wa iyaye ya fi shafar waɗannan biyun. Wanda ke son komawa baya akwai littattafan F. C. Yee kan Avatar Kyoshi, na 2019 da 2020, su ma na matasa da manya ne, ba na yara ba.

A 2025 an sanar da sabon katun mai suna Avatar: Seven Havens, kan Avatar da ta gaji Korra. Bisa jerin da muka faɗa a sama, daga mutanen ƙasa ta fito, kuma gurbinsa a tsarin kallo shi ne bayan Littafi na 4.